Titi Aynaw, 'Yar Habasha da Ta Ci Sarautar Kyau a Isra'ila

Mutumin Dakoro ba baƙon gasar kyau ba ne. Idan damina ta ja da baya, Bororo na wajajen Bermo sukan yi gerewol, samari su sha kwalliya su jeru, 'yan mata su zaɓi wanda ya fi. Amma wanda aka zaɓa a can, kansa da danginsa ya jawo wa suna. A gasar sarauniyar kyau ta zamani kuwa, yarinyar da aka aza wa kambi ƙasa guda aka ɗora mata, ana nuna ta ga duniya ana cewa ga fuskarmu. Shi ya sa rigima ba ta rabuwa da wannan gasa. Kaduna ta ga jini a kanta a 2002, Kano kuma ta sha surutu a 2021 lokacin da Shatu Garko ta zama sarauniyar kyau ta Najeriya da hijabinta.

A Isra'ila ma an yi wata sarauniya da zaɓenta ya wuce maganar kyau. Sunanta Yityish Aynaw, an fi kiranta Titi. Bayahudiya ce, baƙar fata, haifaffiyar wani ƙauye a yankin Gondar da ke arewacin Habasha.

Da yawa daga cikinmu ba su san akwai Yahudawa baƙaƙe 'yan asalin Afirka ba. Akwai su, sunan da suke kiran kansu da shi Beta Isra'ila, kuma sun yi ɗaruruwan shekaru a ƙauyukan Gondar da Tigray. Yawancinsu ba su da gonar kansu, sai noman haya, da ƙira, da saƙa, da ginin tukwane, sana'o'in da maƙwabtansu ke yi wa kallon raini. Can Isra'ila ma an daɗe ana gardama ko Yahudawan gaske ne, sai a 1973 ɗaya daga cikin manyan malaman Yahudawan ƙasar, Ovadia Yosef, ya yanke cewa su ne. Daga ƙarshen 1984 zuwa farkon 1985, lokacin yunwar Habasha, aka kwashi kimanin mutum 8,000 a asirce ta Sudan zuwa Isra'ila, bayan dubbai sun mutu a tafiyar ƙasa da sansanonin gudun hijira. A watan Mayun 1991, gwamnatin Mengistu ta Habasha na faɗuwa, jirage suka ɗebi fiye da 14,000 daga Addis Ababa cikin awa 36 kacal.

Titi ba ta cikin waɗannan ayari. Mahaifinta ya rasu tana ƙarama, daga baya mahaifiyar ta bi shi. Tana 'yar shekara 12 ta ƙaura da ɗan'uwanta zuwa wurin kakanninsu a birnin Netanya na Isra'ila, ba ta jin Ibrananci. Ta yi makarantar kwana kusa da Haifa, ta shiga soja har ta zama hafsa a rundunar 'yan sandan soja. Mai karatu a nan ba zai ji sunan sojan Isra'ila bai tuna Falasɗinawa ba, kuma yana da hujjarsa. Abin lura dai shi ne, aikin soja tilas ne ga yawancin matasan Yahudawa a can, mace da namiji, kuma ga ɗan baƙi ta wannan ƙofa ake shiga a zama ɗan gari. Da ta gama, sai ta kama aikin kula da shagon takalma.

A watan Fabrairun 2013, tana da shekara 21, ta lashe gasar sarauniyar kyau ta Isra'ila da mujallar La'Isha ta fara shiryawa a 1950. Shekara sittin da 'yan kai ana yi, ba a taɓa ba wa 'yar asalin Habasha ba. Wata guda bayan haka Barack Obama ya kai ziyara, aka gayyace ta liyafar da Shugaba Shimon Peres ya shirya masa. Hoton ya zaga duniya: shugaban Amurka baƙar fata na farko yana gaisawa da marainiyar Gondar. A gasar duniya da aka yi a Mosko cikin Nuwamba ba ta kai ko'ina ba, amma sunanta ya riga ya fita.

Sarautar kyau shekara ɗaya ce, ana gamawa a tuɓe kambi a ba wata. Wadda ke son a ci gaba da ganinta, talabijin take nufa. Haka Bess Myerson ta yi, 'yar Yahudawan da suka ƙaura daga Rasha, wadda ta ci sarautar Amurka a 1945 bayan ta ƙi shawarar ta sauya sunanta don kada a gane asalinta, ta kuma shafe shekaru a shirye-shiryen kacici-kacici. Titi ta yi tallar tufafi, sannan ta shiga shirin Survivor da aka ɗauka a Honduras aka fara nunawa a 2015. A irin wannan shiri ana zube mutane a bakin teku da abinci kaɗan, su yi ta gasa suna korar juna da ƙuri'a. Ita ta zo ta biyu. A ganina wannan ya fi kambin nauyi, domin alƙalai kaɗan ne suka ba ta kambi a dare ɗaya, a nan kuwa makonni aka yi ana kallonta cikin yunwa da gardama, ana jin bakinta.

Jaridu sun so labarinta, don labari ne mai wanke ƙasa: ga marainiya baƙa, mun karɓe ta, mun naɗa ta. Sai dai tsuntsu ɗaya ba ya zama garke. A 1996 aka gano cewa hukumar karɓar jini tana zubar da jinin da Yahudawan Habasha suka bayar a ɓoye, wai tsoron ƙanjamau, dubbai suka yi zanga-zanga a Birnin Ƙudus. A Disambar 2013, wato Titi na kan sarautarta, masu ɗibar jini suka ƙi karɓar na Pnina Tamano-Shata, 'yar majalisa haifaffiyar Habasha, a cikin ginin majalisar kansa. A 2015, shekarar da aka fara nuna Titi a bakin tekun Honduras, wani bidiyo ya fito na ɗan sanda yana dukan Damas Pakada, soja ɗan Habasha da ke sanye da kakinsa, matasa suka tare manyan titunan Tel Aviv. A 2019 wani ɗan sanda da ba ya bakin aiki ya harbe matashi Solomon Tekah kusa da Haifa, aka kwashe kwanaki ana ƙone-ƙone.

An samu ci gaba, ba a musu. Ita Tamano-Shata ɗin ta zama minista a 2020, ta farko daga cikinsu, kuma ma'aikatar karɓar baƙi masu ƙaura aka ba ta. Amma al'ummar, wadda yanzu ta haura mutum 150,000, har yau tana bayan sauran Yahudawan ƙasar wajen albashi da shiga jami'a, kuma ƙorafin matasanta a kan 'yan sanda bai ƙare ba.