Moustapha Alassane, Mai Sa Kwaɗi Kokawa

Kafin ya riƙe kyamara, Moustapha Alassane bakanike ne, kuma hannun kanikancin bai taɓa barinsa ba. An haife shi a N'Dounga ta Nijar a 1942. A Yamai ya haɗu da Jean Rouch, Bafaranshen da ya buɗe masa ƙofar silima, daga baya ya je Kanada ya ƙaro sani wajen Norman McLaren, gwanin zane mai motsi.

Kayan aikinsa ba su fi ƙarfin talaka ba: takarda, tawada, waya, katako, ƙyallaye. Da su yake haɗa 'yan tsana. Wahalar tana wajen ɗauka. Fim na cin hoto 24 a daƙiƙa guda, wato 1,440 a minti. Sai ya kafa kyamara daram, ya ɗaga hannun kwaɗo kaɗan, ya ɗauka, ya ƙara ɗagawa kamar faɗin ƙwayar gero, ya sake ɗauka. Fitila ta gusa ko ƙafa ta taɓa teburi, aikin wuni ya tashi a banza. Wanda ya kalli fim ɗinsa Kokoa, inda kwaɗi ke kama juna a fage ana kiɗa ana ihu, zai sha dariya bai san yawan sunkuyon da aka yi kafin kaye ɗaya ya fito ba.

Kuɗi kuwa faifan fim ke cinyewa. Daga waje ake sayo shi, kuma a wancan zamani sai an aika Faransa a wanke. Mai fim ba ya ganin abin da ya ɗauka sai kaya sun dawo.

Duk da haka ya yi Aouré a 1962, labarin aure. A 1966 ya fito da Bon Voyage Sim, labarin shugaban ƙasar kwaɗi da ya tafi ziyarar aiki. Shagube ne ga masu mulki, a lokacin Nijar tana da shekara shida da samun 'yanci. A shekarar dai ya yi Le Retour d'un aventurier, inda samarin ƙauye suka sa kayan kaboyi suka addabi gari. FVVA na 1972 ya taɓo kwaɗayin mata, mota, gida da kuɗi.

A kasuwa ne aka cuce shi. A wancan lokaci gidajen silima na yankin suna hannun kamfanonin Faransa biyu, COMACICO da SECMA, su kuwa finafinan Indiya da Amurka ke kawo musu riba. Fim na 'yan mintoci da ɗan ƙasa ya yi ba shi da gurbi. Yabo a bukukuwan Turai akwai, amma yabo ba ya sayen faifai. Don haka ya koyar a Jami'ar Yamai, daga baya ya zauna a Tawa yana riƙe da otal, ya mai da wani sashensa ɗakin aiki. Da girma ya kama shi ma bai ajiye ba, ya koyi zane da kwamfuta.

Ya rasu a Wagadugu a watan Maris na 2015. A 2017 gidan adana fasaha na MoMA a birnin New York ya shirya nunin finafinansa.