Ko Ka Sani? Faifan Kwamfuta Ba Ya Bin Layi

A shagon mai tura finafinai a Karshi, wanda ya riga miƙa memori shi ake fara sallama. Amma faifan ajiyar da ke cikin kwamfutar mai shagon ba ruwansa da wannan ladabi. Idan umarni goma suka iso masa, ba lallai ya fara da na farko ba.

Dalilin yana cikin ƙirarsa. Faifan ƙarfe ne ko gilashi mai juyawa sau 5,400 ko 7,200 a minti ɗaya, da wani siririn hannu da ke kai da komo a kansa yana karatu. Karatun ba ya cin lokaci. Abin da ke cinye lokaci shi ne tafiyar hannun, da jiran faifan ya juyo da wurin da ake so. Don haka yakan yi irin ta direban motar haya daga Karshi zuwa Nyanya: mai sauka Orozo shi zai fara sauka, sai na Kurudu, sai na Jikwoyi, ko da na Nyanya ne ya riga kowa shiga mota.

Wannan dabara ita ake kira NCQ, ta shigo faifai masu mahaɗin SATA a wajen 2004. Faifan yakan karɓi umarni har 32 a lokaci guda, ya ba kowanne lamba, ya jera su yadda tafiyar hannun za ta gajarta. Dabarar tana da illa, domin umarnin da ke can nesa yana iya shan jira muddin na kusa suna ta shigowa. Irin wannan illa ce ta sa a manhajar Linux aka yi wani tsari mai wa'adi: umarnin karatu da ya kai rabin daƙiƙa yana jira, sai a tsallake da shi gaba.

Dabara kuma tana da iyaka. Mai shagon da ya jona waya biyar yana tura musu finafinai daban-daban daga faifai ɗaya ya raba wa hannun nan hankali biyar. A ganina gara ya bi su bibbiyu.

Wata irin ma'ajiya kuma, SSD, ba ta da hannu, ba abin da ke juyawa a cikinta. Layi ɗaya mai umarni 32 sai ya zame mata ƙunci, aka fito da tsarin NVMe a 2011, wanda ya yarda da layuka kusan 65,000, kowanne da umarni kusan 65,000, ana aikinsu a tare.

Sai kuma wani hali da kowace ma'ajiya ke iya nunawa: a ce maka an gama turawa alhali sauran bayanin yana ma'ajiyar wucin gadi, bai sauka ba tukuna. Aka ɗauke wuta a wannan tsakanin, ko aka fizge memori ba a sallame shi ta kwamfuta ba, sai ka isa gida fim ya ƙi buɗewa.