Fitilar Mota da Indararon Soro

Duk wanda ya saba biyowa ta Ƙofar Wambai a Kano bayan sallar magariba ya san yadda titin yake a lokacin da kasuwa ke watsewa. 'Yan gwanjo na ɗaure diloli, masu takalma na rufe rumfuna, 'yan dako na tura baro, Adaidaita Sahu sun cika ko'ina, ga mata da yara suna neman tsallakawa su shige cikin gari. A 'yan shekarun nan wata wahala ta ƙaru a kan cunkoson: farin haske mai ratsin shuɗi da wasu motoci ke dallare mutane da shi. Sai ka ga dattijo ya kai tsakiyar titi ya tsaya cik, ya ɗaga hannun babbar rigarsa ya kare fuska, ya kasa gaba ya kasa baya. Mai motar kuwa yana ciki yana jin daɗin yadda yake ganin hanya tar, bai san ya makantar da kowa ba.

Masu sauya fitila suna da hujjarsu, kuma hujja ce mai ƙarfi. Hanyoyinmu da yawa babu fitilun titi, ga ramuka, ga dabbobi da ke faɗowa kan kwalta, ga tirelar da ta lalace aka bar ta ba alama sai ganyen da aka zuba a bayanta. Wanda ya yi tafiyar dare a hanyar Katsina ko ta Haɗeja da fitila mai dishi-dishi ba zai zargi kowa da neman ƙarin haske ba. Abin da ake rasawa shi ne sanin inda hasken zai zuba, kuma wannan darasi ne da mutanen cikin badala suka daɗe da haddacewa a kan ruwan sama.

Kowane soro a cikin birni yana da indararo. Da can da yumɓu ake yin sa ko a fafe itace, daga baya aka koma naɗe kwano. Magini na ƙwarai ba ya kafa shi da ka. Tun yana daɓen rufi yake karkata shi kaɗan domin ruwa ya gangaro wuri guda, sannan ya duba lungun: ina kwata take, ina katangar maƙwabci, ina ƙofar gidan da ke fuskantarsa, ina masu wucewa ke sa ƙafa. Ruwan damina rahama ne, amma idan indararonka ya juya ga katangar ƙasa ta maƙwabci, kafin kaka ya cinye gindinta. Shari'o'i da yawa da masu unguwanni suka sasanta a cikin birni daga nan suka taso, kuma ba a taɓa karɓar uzurin cewa "ai rufina ne, ruwana ne." Rufin naka ne, inda ruwan ya sauka kuwa haƙƙin jama'a ne.

Fitilar mota ma haka aka gina ta. Ƙwan shi ne ruwan. Kaskon da ke bayansa, mai ƙyalli kamar madubi, shi ne daɓen rufin da ke tattara hasken, gilashin gaba da saitinsa kuma su ne indararon. Yawancin motocin da ke yawo a Kano da ƙwan halojin aka ƙera fitilunsu. Ka ɗauki ƙwan H4 ka duba shi da kyau: a cikin ɗan gilashin akwai siraran wayoyi biyu a murɗe, kowace ba ta wuce 'yan milimitoci ba, ɗaya mai wat 60 ta dogon haske, ɗaya mai wat 55 ta dim, a gefen ta dim ɗin kuma akwai wani ɗan murfin ƙarfe da ke hana haske tashi sama. Injiniyan da ya zana kaskon ya lissafa kowane lanƙwasa a kan cewa hasken zai fito daga daidai wannan ɗigon. Shi ya sa idan ka haska bango da dim za ka ga layi a shimfiɗe, ƙasansa haske, samansa duhu. Wannan layin shi ne kariyar idon wanda ke tahowa.

To, sai mai mota ya je Kasuwar Ƙofar Ruwa ko wajen mai rewaya na bakin titi. Yaron shago ya ciro kwali mai hoton walƙiya, ya jona ƙwan LED a batir, ya ce, "Alhaji, in ka ɗora wannan, dare ya zama rana." Hasken kuwa ya kashe ido ko da tsakar rana, ciniki ya faɗa. Abin da ba a gaya wa Alhaji ba shi ne, wannan ƙwan ba daga siririyar waya yake ba da haske ba. 'Yan ƙananan fale-fale ne a manne gefe biyu na wani allo, kuma a masu arahar ba sa zama daidai inda wayar halojin take. Da ɗigon ya goce, lissafin kaskon ya rushe. Layin nan ya watse, haske ya fantsama sama da gefe, wani ya zube dab da bamba ya yi fari fat. Idon direba ya ga farin nan na kusa ya tsuke, sai nesa ta ƙara masa duhu. Ya ƙara yawan ruwa ya bar tsohon indararo, ruwan ya tumbatsa ta ko'ina, kwatar da aka nufa kuma ba ta samu rabonta ba.

Haka abin yake ga ƙwan zenon, wanda kamfanin BMW ya fara sa wa motocinsa a 1991. Da wat 35 kacal yana ba da hasken da ya ninka na halojin fiye da sau biyu. Saboda ƙarfinsa, dokar Turai ta wajabta wa motar da ke da shi na'urar da ke daidaita tsayin hasken da kanta da kuma abin wanke gilashi, don ko ƙurar da ke kan gilashin tana watsa shi cikin idon mutane. A Ingila, tun daga 2021, motar da aka cusa wa ƙwan LED ko zenon a cikin fitilar halojin ba ta cin gwajin lafiyar mota na shekara-shekara. Mu kuwa a nan, cikin minti goma an ɗaura, an ɗaure da salatif, an biya, an tafi. Wasu kuma su nemi ƙwan halojin mai wat 100, wanda ke jan wuta kusan ninki biyu. Soket ya narke, waya ta yi zafi, ƙyallin kaskon ya ƙone ya yi toka, bayan 'yan watanni hasken ya gaza na farko. Araha ba ta ado.

Sau da yawa ma laifin ba na ƙwan ba ne. Idan soro ya fara yoyo, mai hankali yakan fara hawa ya duba ko indararon ne ya toshe da ganye da leda. Gilashin fitilun yanzu roba ce mai tauri, kuma ranar Kano da ƙurarta suna cinye fentin kariyar da ke kanta, ta koma rawaya, ta yi yana. Ƙungiyar masu motoci ta Amurka, AAA, ta gwada irin waɗannan fitilu a 2018, ta samu cewa wasu ba sa fitar da fiye da kashi 22 cikin ɗari na hasken sabuwa. Mai irin wannan mota ko ya sa ƙwai mafi ƙarfi, yanar ce za ta ƙara watsa hasken. Maganinsa a goge robar da samfefa mai laushi da ruwa, a bi da man gogewa, sannan a fesa sabon fentin kariya, in ba haka ba kafin shekara ta koma yadda take. A kuma duba wayar da ta tsufa da wurin da aka ɗaure ta a jikin mota, don tsatsa a nan tana rage wutar da ke isa ga ƙwan, halojin kuwa da wuta ta ragu kaɗan haskensa yake faɗuwa da yawa.

Sai maganar saiti, wadda ta fi komai sauƙi kuma aka fi yin sakaci da ita. A jikin fitilu da yawa, musamman na motocin Turai, za ka ga an rubuta 1.0% ko 1.2%. Ma'anarsa, a kowace mita goma layin hasken ya sunkuya da santimita goma ko sha biyu. Aikin ba ya buƙatar na'ura: a sami fili mai lebur da bango, a auna tsayin fitilar daga ƙasa, a yi alama a bangon, a ja motar baya mita goma, a murɗa sukurorin saiti har layin ya sauka ƙasa da alamar. Ga kuma wani abu da ya shafi mutanen Ƙofar Wambai kai tsaye. Motocin da ke ɗaukar dilolin gwanjo da buhunan kaya zuwa kasuwannin ƙauye, Golf da Sharon da ire-irensu, ana labta musu kaya har bayansu ya zauna, gabansu ya ɗaga. A wannan hali ko dim ka kunna, kai tsaye cikin idon na gabanka yake shiga. Yawancin irin waɗannan motoci suna da wani ɗan abin murzawa kusa da sitiyari mai lamba 0, 1, 2, 3, an yi shi ne domin direba ya sunkuyar da fitila idan ya ɗauki nauyi. Direbobi da yawa sun shekara suna kallonsa ba su san aikinsa ba.

Akwai kuma indararon da tun asali aka kafa shi yana kallon gidan maƙwabci. Tun watan Afrilun 1972 Nijeriya ta koma tuƙi a hannun dama, saboda haka fitilar da ta dace da mu tana ɗaga haske kaɗan a dama, inda masu tafiya a ƙasa da allunan hanya suke, ta kwantar da shi a hagu, inda mota ke tahowa. Fitilar da aka ciro daga motar Japan ko ta Ingila akasin haka take. Wanda ya saye ta a matsayin Beljiyam mai kyau ya ɗaura, ya juya haskensa ga masu tahowa, ya bar gefen hanyarsa cikin duhu. Kafin a biya kuɗi, a haska bango a ga ta wane gefe layin ya tashi.

Batun launi ya fi ruɗar matasa. Lambobin 6000K da 8000K da ake bugawa a kwali launi suke nunawa, ba ƙarfin haske ba, kuma duk yadda lambar ta hau, hasken yana ƙara shuɗi. Shuɗin ya fi damun ido, musamman na dattawa da masu yanar ido, waɗanda ke ɗaukar lokaci kafin ganinsu ya dawo bayan an dalle su. Motar da ke gudun kilomita 100 a awa tana cin kusan mita 28 a daƙiƙa guda; daƙiƙa uku na rashin gani sun haura mita 80 ana tuƙi da ƙaddara, kuma motar da makahon ya nufa ita ce ta wanda ya makantar da shi. Idan hunturu ya shigo hazo ya sauka, farin haske mai tashi sama yakan bugi ƙura ya dawo fuskar direba kamar an rataya masa farin ƙyalle. A irin wannan dare haske mai kwanciya ƙasa ne ke nuna hanya. A kan batun launin nan, Faransa ta shafe fiye da shekara hamsin tana wajabta fitila rawaya, sai a 1993 ta sassauta.

Ado ba laifi ba ne. Bahaushe ya ce in kana da kyau ka ƙara da wanka, kuma mota mai tsaftataccen gilashi da ɗan zoben haske na rana tana da kwarjini. Wanda ke son hasken zamani da gaske, hanyarsa ita ce ya sauya fitilar gaba ɗaya da wadda aka ƙera domin LED ko zenon, mai ƙwayar gilashi da ke yanke layi tsaf, ya kuma sa a saita ta. Abin da ya wuce gona da iri shi ne baƙar leda a kan gilashi, da dogon sandan fitila da ake kunnawa cikin gari a kan tifa ko Adaidaita, da ja da shuɗi masu walƙiya waɗanda na motocin gaggawa ne. Sandan nan na daji ne da gona, inda babu idon kowa a gabanka.

Hukumar kiyaye haɗurra ta ƙasa, wadda aka kafa a 1988, da hukumar kula da zirga-zirgar ababen hawa ta Kano, KAROTA, da jami'an duba lafiyar mota na VIO suna tare motar da ta mutu ido ɗaya, kuma sun yi daidai. Ya kamata su ɗauki fitilar da ta yi yawa da irin wannan muhimmanci, a sa gwajin saiti cikin binciken lafiyar mota, a kuma zauna da ƙungiyoyin kanikawa da masu rewaya a koya wa yaransu aikin bango da abin awo. Amma kafin hukuma ta iso, addininmu ya riga ya gaya mana cewa hanya tana da haƙƙi, kuma kawar da cuta daga kanta ibada ce. Mai rewaya ya daina sakin mota sai ya saita ta, ko da mai ita yana sauri. Mai mota kuma ya yi wa kansa gwajin da ba ya cin ko sisi: da daddare ya kunna dim, ya taka gaba kamar taku talatin, ya juyo ya ɗan rusuna daidai tsayin wanda ke zaune cikin Adaidaita. In ya kasa buɗe ido, to abin da ya daɗe yana yi wa bayin Allah ke nan, gobe da safe ya koma wajen mai gyara. Allah Ya tsare mu da ɗaukar haƙƙin wani, Ya kai kowa gida lafiya.