Jan Kabeji Da Abin Da Ke Juya Launinsa Cikin Tukunya

Jawabin kimiyya na wannan mako a kan wani ganye ne wanda a ke dafawa a gidajen birnin New York na ƙasar Amurka, watau jan kabeji, da kuma wani abin mamaki da kan auku gare shi in ya shiga tukunya.

In watan Nuwamba ya kama, ɗari ya sauko, manoma su kan kawo kabeji tuli a kasuwar da ke ci a dandalin Union Square, wadda aka buɗe cikin 1976. Jihar New York tana cikin manyan jihohin Amurka wajen noman kabeji. Shuka ce mai son sanyi, shi ya sa ko a ƙasar Hausa sai da hunturu a ke samunsa da yawa a lambunan Kano da Zariya da Maraɗi. Amma wanda aka saba gani a can, mai launin kore-kore ne. Ɗan'uwansa ja ya fi shi tauri da nauyi, ganyensa kuwa shunayya ne, watau tsakanin ja da shuɗi.

A unguwannin Bronx da Harlem akwai Hausawa mazauna, waɗansu daga Nijeriya, waɗansu daga Nijar da Gana. To, a ɗauki misalin wata uwargida daga cikinsu wadda ba ta daɗe da zuwa ba. Ta ga jan kabeji a kasuwa, ya ba ta sha'awa, ta saya. Ta yanka, ta zuba a tafasasshen ruwa, ta jefa 'yar kanwa yadda ta saba yi wa ganye a gida, ta rufe. Da ta buɗe tukunya sai ta tarar ja ya tafi. Ganyen ya koma shuɗi mai duhu da ratsin kore, ruwan kuwa sai ka ce an ɗebo shi daga marinar Ƙofar Mata. Abin da zai fara zuwa mata a rai shi ne ko rina ganyen aka yi, ko kuwa ya lalace. Sai ta zubar, ga hasarar kuɗi, ga yara suna jiran abinci. Alhali kuwa babu dafi ko kaɗan cikin tukunyar nan. Akwai dai wata hasara wadda ido ba ya gani, za a zo kanta nan gaba.

Mutanen da suka kai wannan dahuwa New York sun daɗe da sanin maganin abin. Jamusawa ne, waɗanda suka yi ta kwarara zuwa birnin tun daga wajen 1840. Kafin 1855, in an ɗebe Balin da Biyana, babu birnin da ya fi New York yawan masu jin Jamusanci a duniya. Unguwarsu a kudu maso gabashin tsibirin Manhattan har a kan ce da ita Ƙaramar Jamus. Ran 15 ga Yuni, 1904, wani jirgin ruwa mai suna General Slocum ya kama wuta a kogin gabas da birnin, mutum fiye da 1,000 suka halaka, yawancinsu mata da yara na unguwar nan. Bayan wannan masifa da yawa suka ƙaura arewa zuwa Yorkville, suka tafi da girkinsu. A gidajensu ba a cika ɗora gasasshen nama ko dinya bisa tebur ba tare da akushin jan kabeji a gefe ba, kuma ba su ɗora shi a wuta sai da abu mai tsami a ciki. A ƙasarsu ta asali ma sunan ganyen biyu ne. Mutanen arewacin Jamus suna ce masa Rotkohl, watau jan kabeji, na Bavariya kuwa a kudu suna ce masa Blaukraut, watau shuɗin kabeji. Ganye guda ne, kowa kuwa da gaskiyarsa.

Shin mene ne ke juya launin? Cikin ƙananan ɗakunan da suka haɗu suka zama ganye, waɗanda ba a gani sai da madubin ƙara girma, akwai wani rini mai narkewa a ruwa. Wani mai haɗa magani Bajamushe, Ludwig Marquart, shi ya raɗa masa suna antosayanin cikin 1835, daga kalmomi biyu na Girkanci masu ma'anar fure da shuɗi. Daga 1913 wani masani kuma, Richard Willstätter, ya shiga warware yadda aka gina rinin nan, har aka ba shi kyautar Nobel cikin 1915 saboda bincikensa a kan launin tsire-tsire. Abin da aka gane shi ne, ƙwayar wannan rini tana sāke siffa gwargwadon ruwan da ta sami kanta a ciki. In ruwan mai tsami ne sai ta ɗauki wata siffa wadda ke mai da jan haske zuwa ido. In tsami ya ragu sai ta koma shunayya. In ruwan ya karkata wajen kanwa sai ta zama shuɗiya, daga nan kore, in kuwa kanwa ta yi yawa ƙwarai sai rinin ya rushe, ya bar rawaya.

Tun kafin a san sunan rinin, wani masani na Ingila, Robert Boyle, ya lura da wannan hali. Cikin 1664 ya bayyana cewa ruwan wani shuɗin fure ya kan yi ja in an ɗiga masa abu mai tsami, ya yi kore in an ɗiga masa abu mai halin ruwan toka. Da wannan masana suka sami hanyar rarrabe ruwaye gida biyu, jinsin tsami da jinsin kanwa. Cikin 1909 Søren Sørensen na ƙasar Denmark ya ƙago ma'auni wanda a ke kira pH, a kan lissafa shi daga 0 zuwa 14. Tsarkakakken ruwa yana tsakiya, a kan 7. Ruwan lemun tsami yana wajen 2. Ruwan kanwa yana sama da 7 da nisa. Jan kabeji, in an duba, ma'auni ne da kansa, don kuwa launinsa ya kan nuna inda ruwan tukunya ya tsaya.

Kowa na iya jarraba wannan a gida. A yanka ganye biyu ko uku, a zuba musu ruwan zafi, a bari kamar minti 10, a tace. A raba ruwan cikin kofi uku na gilashi. A matsa lemun tsami cikin na fari, nan da nan zai yi ja wur. A ɗiga jiƙaƙƙiyar kanwa cikin na biyu, zai yi shuɗi, ya koma kore. A bar na uku yadda ya ke don a gwada. Sa'an nan a matsa lemun tsami cikin kofin kanwar, in dai ba ta yi yawa ba ja zai komo. Wanda ba shi da jan kabeji ya yi da zoɓo, gama rininsa ɗan gida ɗaya ne da na kabejin, shi ma kanwa ta kan mai da shi duhu. Amma tumatir da jan barkono da manja ba su yin haka, domin nasu rinin dabam ne, a mai ya ke narkewa.

To, kada a ce uwargidan nan ta yi rashin sani. Dabarar da ta gada daga iyaye daidai ta ke a wurinta. Koren ganye da wani rini dabam ya ke, wanda tsami ke dusar da shi, kanwa kuwa ta kan bar shi kore shar. Har wa yau kanwa tana kwance danƙon da ke riƙe ɗakunan ganye da juna, shi ya sa wake ya kan nuna da wuri in an sa masa ita, kuɓewa kuma ta ƙara yauƙi. Abin da ya faru shi ne an kai dabarar koren ganye wurin jan ganye, alhali kowane allazi da nasa amanu. Tsami kuwa akasin kanwa ya ke yi wa danƙon nan, ƙarfafa shi ya ke yi. Saboda haka kabejin da aka dafa da tsami ya kan daɗe bai yi laushi ba, amma ba ya dagargajewa.

Ko ba a sa kanwa ba, ruwa da tukunya suna da nasu hannu a ciki. Ganyen kabeji yana da ɗan tsami nasa na halitta, amma in an dafa shi cikin ruwa mai yawa sai tsamin ya salance, launin ya karkata wajen shuɗi. A garuruwan da ruwansu ke bi ta cikin dutsen farar ƙasa abin ya fi tsanani. Mutanen New York sun yi sa'a a nan, don yawancin ruwansu daga duwatsun Catskill da kwarin kogin Delaware a ke jawo shi, tafiyar mil fiye da 100, ba shi kuwa da farar ƙasa da yawa. Duk da haka ba mai tsami ba ne, ba ya iya tsare ja shi kaɗai. Game da tukunya, baƙin ƙarfe da alminiyam su kan saki 'yan ƙwayoyinsu cikin abinci, su kama rinin, su mai da shi shuɗi ko toka-toka. Wuƙa mai tsatsa ma ta kan bar shuɗin tabo a inda ta yanka. An fi so a yi aiki da wuƙa da tukunya na ƙarfen da ba ya tsatsa, ko tukunya mai farin shafe a ciki irin na langa.

Yanzu sai hasarar nan da ido ba ya gani. Jan kabeji yana da bitamin C da yawa, abin da ke tsare mutum daga ciwon da ke sa dasashi ya kumbura ya yi ta jini, rauni kuma ya ƙi warkewa. Cikin giram 100 na ɗanyensa akwai wajen miligiram 57, na koren kuwa wajen 37. Abin da hukumomin lafiya na Amurka suka ƙayyade wa baligi a yini shi ne miligiram 90 ga namiji, 75 ga mace. Tun cikin 1768, sa'ad da Kyaftin James Cook ya tashi kewaya duniya, ya loda gangunan kabeji mai tsami a jirginsa don tsaron lafiyar matuƙa. Cikin 1928 kuma, da Albert Szent-Györgyi, mutumin Hangari, ya fara tsamo bitamin ɗin nan tsantsa, kabeji yana cikin abubuwan da ya tsamo shi daga gare su. To, bitamin C ba ya jure kanwa, nan da nan ta ke rusa shi. Yana kuma narkewa a ruwa, in an tsiyaye ruwan dahuwa an zubar da shi ke nan. Tsami kuwa ya kan rage masa lalacewa. Ashe cokalin tsamin da ke tsare launi shi ne kuma ke tsare amfani. Zafi dai ba ya rasa cin rabonsa, saboda haka mai son ya sami bitamin duka sai ya ci wani sashe ɗanye, a kwaɗo ko salak.

Ga yadda a kan dafa shi a gidajen New York. A sami kan kabeji guda mai nauyin kamar kilo 1, a raba shi huɗu, a cire ƙututturen tsakiya, a yanka siriri-siriri. A soya albasa guda cikin man shanu ko man gyaɗa cokali 2 har ta yi laushi. A zuba kabejin, a bi shi nan take da cokali 4 na binega, watau ruwan tsamin nan na kwalba, a juya sosai kafin a sa ruwa. Wanda ba shi da binega ya sa ruwan lemun tsami ko na tsamiya. A yanka tuffa 2 masu ɗan tsami a zuba, da sukari cokali 1 ko 2, da kanumfari ƙwaya 3, da gishiri, da ruwa rabin kofi kaɗai. A rufe, a rage wuta, a riƙa juyawa jifa-jifa, daga minti 45 zuwa sa'a guda. Jamusawa su kan sa kitsen alade ko na dinya, wani lokaci har da giyar inabi, amma ba su ne ke tsare launin ba, wanda ba ya cin waɗannan bai rasa kome ba.

Kada a bar wuta ta yi ƙarfi, don kabeji yana da farar wuta a jikinsa, in ya sha tafasa mai tsanani sai ya cika gida da ɗoyi kamar na ruɓaɓɓen ƙwai. In an sauke an ga launin ya dusashe, cokali guda na tsami ya isa ya komo da shi. A kan ci shi da gasasshen nama da dankali, ya kan kuma tafi daidai da shinkafa ko soyayyar kaza. Masu girki sun shaida in ya kwana cikin firiji aka ɗumama shi, ya fi daɗi.

Saboda haka in uwargida ta buɗe tukunya ta ga shuɗi, kada ta zubar. Ta yanka lemun tsami ta matsa, ta juya, ta dubi abin da zai faru. Gobe kuwa ta ajiye kanwa don wake da kuka da kuɓewa.

Iyakar jawabin kimiyya na wannan mako ke nan. A huta lafiya.