Adamu Halilu da Tushen Fim ɗin Hausa: Daga Majigi zuwa Shehu Umar

Gabatarwa

Manazarta da dama kan fara lissafin tarihin fim ɗin Hausa ne daga shekarar 1990, lokacin da ƙungiyar Tumbin Giwa ta Kano ta fitar da Turmin Danya a kaset ɗin bidiyo. Wannan lissafi yana tsallake wani zango mai muhimmanci, wato zamanin fim na majigi da na silima, wanda Adamu Halilu ya kasance jigo a cikinsa. Manufar wannan maƙala ita ce bayyana yadda aikinsa ya taso daga fim ɗin faɗakarwa na hukuma har ya kai ga mayar da rubutaccen adabi zuwa hoto mai motsi, tare da kwatanta hakan da abin da ya faru a ƙasar Suwidin.

Daga Majigi zuwa Adabi

An haifi Adamu Halilu a Garkiɗa ta ƙasar Adamawa a 1936, ya kuma rasu a 2001. Ya ƙware ne a sashen fim na gwamnatin Jihar Arewa, inda ake shirya finafinan da motocin majigi ke yawo da su gari-gari, ana haska su a dandali ko ƙofar fada bayan faɗuwar rana. Manufar irin waɗannan finafinai ita ce koyar da tsabta da noma da kiwon lafiya. Mama Learns a Lesson na 1963 yana cikin wannan rukuni. A nan darakta ma'aikacin gwamnati ne, saƙon hukuma kuma shi ne kan gaba, labari yana biye.

Shehu Umar na 1976 shi ne ya sauya wannan tsari. Tushensa littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa ne, wanda ya samo asali daga gasar ƙagaggun labarai ta 1933 da Rupert East ya shirya a Zariya. Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mayar da shi wasan kwaikwayo, sannan Halilu ya mayar da shi fim da harshen Hausa, Umaru Ladan kuma ya fito a matsayin Shehun. An nuna shi a bikin FESTAC na 1977 a Legas. Labarin yaron Kagara da bauta ta raba da mahaifiyarsa ya ratsa matakai uku ke nan: zube, da dandamali, da allon silima. Bayan haka Halilu ya juya ga tarihi a fim ɗin Kanta of Kebbi, wanda ya shafi daular da ta yi maƙwabtaka da tsohuwar Zamfara, ƙasar da Anka da Gummi da Bukkuyum suke cikinta a yau.

Darasi daga Suwidin

Wannan tafarki yana da makamanci a tarihin fim na duniya. Victor Sjöström (1879 zuwa 1960) marubucin fim ne kuma darakta, wanda ya ɗaga darajar silimar Suwidin ta hanyar jingina da adabin ƙasarsa. A fim ɗinsa Körkarlen na 1921, wanda ya ciro daga littafin Selma Lagerlöf, shi ne ya tsara labarin, ya ba da umarni, ya kuma fito a matsayin jarumi. Sai dai a 1941 gobara ta cinye ma'ajiyar kamfanin Svensk Filmindustri, aka yi asarar mafi yawan asalin finafinan farko na ƙasar. Abin da ya tsira shi ne ake nazari a yau.

Shehu Umar ma ya kusa bin wannan hanya. An daɗe ana zaton ya ɓata, sai a 2016 aka sake gano faifansa. Cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka sake haska shi a bikin finafinai na Balin a 2018.

Kammalawa

Fim yana buƙatar ma'aji kamar yadda rubutaccen littafi yake buƙatarsa, domin faifai yana ruɓewa idan zafi da laima suka same shi. Ɗalibin Hausa yana karanta littafin Ɓalewa tun daga sakandare, amma da wuya ya taɓa kallon yadda Halilu ya fassara shi da kyamara. Ya dace sassan Hausa na jami'o'i su haɗa gwiwa da ma'ajiyar finafinai ta ƙasa da ke Jos, domin samar da kwafin ayyukansa ga masu bincike, tare da shigar da su cikin manhajar adabi kafaɗa da kafaɗa da littattafan da suka haife su.