Shin Ko Kun San? Tsakanin KAN da KAD Harafi Ɗaya Ne

Shin ko kun san Kano tana da lambarta ta musamman a harkar jiragen sama? Mai lura da lambar mota ya san BBJ ta Bebeji ce, DGW ta Doguwa. To, filayen jirgi ma haka suke, kowanne da harufansa uku. Filin jirgin Malam Aminu Kano shi ne KAN, Abuja ABV, Legas LOS, Sakkwato SKO, Jidda JED, Madina MED. Ƙungiyar kamfanonin jiragen sama ta duniya, IATA, wadda aka kafa a 1945, ita ke rabon su.

Ga inda ake tuntuɓe: Kaduna KAD ce. Harafin ƙarshe kaɗai ya raba ta da Kano. Mutumin Kiru da ya fito Kwanar Ɗangora, titi ɗaya ne ke kai shi Kano in ya yi arewa, ya kai shi Kaduna in ya yi kudu, don haka ko wanne filin zai iya tasar masa. In dai an liƙa wa jakarku takarda a Jidda ko Alƙahira, ku duba manyan harufan nan uku kafin ta shige ciki. Jaka ba ta san mai ita ba, inda takarda ta ce nan za ta. Guntuwar takardar da ake manna muku a jikin tikiti kuwa kada a yar, da ita ake cigiyar kaya.

Ba kowane gari ne ya dace da harufan sunansa ba. Katsina DKA ce, Maraɗi kuma MFQ. Mai hasashe sai ya ɓata.

Shin ko kun san matuƙa jirgi da masu ba su hanya daga ƙasa da wasu harufan suke aiki? Nasu huɗu ne, na hukumar ICAO mai hedikwata a Montreal ta Kanada. A wajensu Kano DNKN ce: D na nuna wani yanki na Afirka ta Yamma, N Najeriya, KN Kano. Yamai DRRN. Waɗannan ba za ku gan su a tikiti ba.

Su ma kamfanoni kowa da alamarsa, harufa biyu ko harafi da lamba. Max Air VM, Air Peace P4, Saudia SV, Flynas XY, Ethiopian ET. EgyptAir kuwa MS, domin a da sunansa Misrair. Tsofaffin alhazan Tudun Wada za su tuna Nigeria Airways mai WT, alamar da ya gada daga WAAC, kamfanin jiragen Afirka ta Yamma na zamanin Turawa. Nigeria Airways ya durƙushe a 2003, yanzu WT tana hannun Swiftair na ƙasar Sifaniya. Alama ba ta zama gadon kowa har abada.

Shin ko kun san lambar da ke biye da waɗannan harufa ba ta jirgin ba ce, ta tafiyar ce? Wannan shi ne abin da ya fi rikita matafiya. Lambar, wadda ba ta wuce alƙaluma huɗu, tana nufin tafiya daga wuri kaza zuwa wuri kaza a lokaci kaza. Yau wannan jirgi ya ɗauke ta, gobe wani. Sau da yawa zuwa da dawowa lambobinsu na bin juna. Shi jirgin kansa rajistarsa tana rubuce a jikinsa: na Najeriya da 5N take farawa, na Nijar 5U, na Saudiyya HZ.

Shi ya sa za ku iya riƙe tikitin wani kamfani, a sa ku cikin jirgi mai sunan wani dabam, ko don kamfanonin sun haɗa kai kan tafiyar, ko don hayar jirgin aka yi. A aikin hajji wannan tsohon abu ne. Jirgin alhazan da ya faɗi a Jidda ranar 11 ga Yuli, 1991, bayan ya tashi zuwa Sakkwato, lambar Nigeria Airways 2120 yake ɗauke da ita, amma jirgin na Nationair ne na Kanada. Mutum 261 suka rasu, Allah Ya jiƙan musulmi. Don haka a kan allon filin jirgi, lambar tafiya ake nema, ba fentin da ke jikin jirgi ba.

Akan kuma jingine lamba bayan musiba. Da MH370 ya ɓace a watan Maris na 2014 da mutum 239, kamfanin Malaysia Airlines ya daina amfani da lambar, ya koma MH318 a wannan hanya.

Tikiti kansa alƙaluma 13 gare shi, ukun farko na kamfani ne: Saudia 065, Ethiopian 071, EgyptAir 077. Akwai kuma wata alama mai harufa da lambobi shida, wadda da ita da sunanku ake zaƙulo bayanan tafiyarku a kwamfuta. Masu ɗaukar hoton tikiti su watsa a WhatsApp don a taya su murna, ita suke raba wa jama'a.

Sai agogo. Duk lokacin da aka rubuta a tikiti na garin da abin zai faru ne. Saudiyya tana gaban Najeriya da awa biyu, don haka in an ce za a sauka Jidda ƙarfe tara, a Riruwai ƙarfe bakwai ke nan.