Rancen Ɗalibai: Yadda Doka Ta Sauya A Kan Masu Kasa Biya

MAIDUGURI — Jami'ar Maiduguri, wadda aka kafa a 1975, tana cikin jami'o'in da ɗalibansu suka fi neman rancen karatu bayan da Asusun Rancen Ilimi na Nijeriya, wato NELFUND, ya fara karɓar buƙatu a watan Mayun 2024. To, amma tarihin irin wannan rance ya nuna cewa wajen karɓo kuɗin ne gizo yake saƙa.

Gwamnatin Janar Yakubu Gowon ce ta fara kafa Hukumar Ba Ɗalibai Rance a 1972. Daga 1973 zuwa 1991 hukumar ta raba kimanin Naira miliyan 46, amma mafi yawan kuɗin ba su dawo ba. Waɗanda suka ci bashin sun watsu cikin ƙasa bayan kammala karatu, wasu kuma sun ɗauke shi tamkar rabonsu ne daga arzikin man fetur. Ga shi kuwa bin kowane mutum ɗaya zuwa kotu yana iya cin kuɗin da ya zarce abin da ake bin sa.

A 1993 aka soke hukumar, aka kafa Bankin Ilimi na Nijeriya da Dokar Soja mai lamba 50, domin ya gaje ta. Shi ma bankin bai yi tasiri ba.

Dokar da Shugaba Bola Tinubu ya sa wa hannu a watan Yunin 2023 ta ɗauki hanyar tsanani. Ta wajabta kawo mutum biyu masu tsaya wa ɗalibi, ta kuma tanadi ɗaurin shekara biyu ko tarar Naira 500,000 ga wanda ya ƙi biya. Masu suka sun nuna cewa an mai da rashin aikin yi laifi.

Saboda haka aka maye gurbinta da sabuwar doka a watan Afrilun 2024. Wannan ta soke sharaɗin masu tsayawa, ta kuma hana bin bashin sai bayan shekara biyu da gama bautar ƙasa. Wanda bai sami aiki ba yana iya yin rantsuwa a rubuce domin a ɗaga masa ƙafa, amma idan ya yi ƙarya, ɗaurin shekara uku ne hukuncinsa. Babu kuɗin ruwa a rancen, ana kuwa cire kashi 10 cikin ɗari na albashi.

Wannan tsari yana da sauƙi ga ma'aikacin gwamnati. A jiha irin Borno kuwa, inda mai digiri kan koma kasuwanci, noma ko sayar da kifin Baga ba tare da takardar albashi ba, jayayyar da za ta kai gaban alƙali ita ce: wane ne mai aiki, kuma nawa yake samu? Amsar da kotuna za su bayar ce za ta nuna ko kuɗin zai dawo ya amfani na baya.